Turakun Droitwich da mutanen da ba a ƙirga su

A ƙauyen Wychbold, kusa da garin Droitwich a tsakiyar Ingila, akwai wasu dogayen turakun ƙarfe a tsakiyar gonaki. Biyu daga cikinsu kowanne ya haura mita 200, an ɗaura waya a tsakaninsu. A 1934 muryar BBC ta fara tashi daga nan a dogon zango, kan mita 1,500 ko kusa da haka, wanda daga 1988 ya tsaya a kilohaz 198. Daga filin nan kuma ake watsa wasu tashoshin a matsakaicin zango.

Dogon zango ba ya gudun tudu, ba ya gudun kwari. Bin doron ƙasa yake yi, ya ratsa ruwa, ya kai inda FM ba ta isa. Shi ya sa masunci a tsakiyar teku ya dogara da shi don jin hasashen iska da igiyar ruwa. Har mitar wutar lantarki ta dubban gidaje a Birtaniya da siginar nan ta riƙa gane lokacin sauya farashi daga na rana zuwa na dare.

BBC ta ce lokacin dogon zango ya wuce. Tun 2011 ta bayyana cewa ba za ta ƙara zuba kuɗi a kansa ba, domin na'urar tana aiki ne da wasu manyan kwalaben gilashi da aka daina ƙerawa. A 2024 aka daina ware wa dogon zango nasa shirye-shiryen. Jamus ta rufe nata a ƙarshen 2014, Faransa ta ɗauke France Inter a ƙarshen 2016, Ayalan ta bi sahu a 2023. Ban ce hujjarsu ba ta da tushe ba. Injin yana shan wuta, kayan gyara sun yi wuya.

Abin da ke damuna shi ne yadda ake lissafin. Wanda ke saurare ta intanet ana ganinsa, ana ƙirga shi. Tsohuwar da ta ajiye akwatin rediyo a ɗakin girki shekara talatin kuwa, babu na'urar da ta san da ita, don haka ranar yanke hukunci ba ta da mai tsaya mata.

Na san irinta, domin a gidanmu na tashi na tarar da mahaifina yana haka. Bayan sallar isha'i yakan shimfiɗa tabarma, ya juya akwatin a hankali har hayaniya ta lafa, muryar Rediyon Kaduna ta fito sarai, don da dare matsakaicin zango ya fi nisan tafiya. Batir biyu suka ishe shi. Babu data, babu caji, babu wanda ya tambaye shi sunansa.

Masu ruwa da tsaki a harkar watsa labarai a nan gida suna kallon Turai, suna koyi da ita. To, Birtaniya da wutarta ba ta ɗaukewa ta yi shekaru tana jan ƙafa wajen rabuwa da dogon zangon Droitwich. Mu da makiyayi da manomi ke nesa da kowace eriyar FM, kafin a bar injinan matsakaicin zangonmu su mutu a daji, a fara zuwa rugage da ƙauyuka a tambayi mutane da me suke jin labarai.