Yini Ɗaya Tsakanin Fada Da Gidan Zuhudu: Ina Ya Kamata Baƙo Ya Daɗe?

A arewacin ƙasar Habasha akwai wurare biyu waɗanda kusan duk baƙon da ya je yawon buɗe ido yakan so ya gani. Na farko shi ne birnin Gondar, inda tsofaffin fadojin sarakunan ƙasar suke. Na biyu kuwa Tafkin Tana ne, wanda tsibiransa da gaɓarsa suke cike da gidajen zuhudu na Ikilisiyar Otodoks, wato wuraren da waɗansu bayin Allah suka keɓe kansu, suka bar aure da neman dukiya domin addu'a da karatu da aikin hannu. Akwai masu shirya wa baƙi tafiya waɗanda sukan haɗa wuraren nan biyu a yini guda, su ba da mota da jirgin ruwa mai inji da ɗan jagora. To, daga Bahar Dar, garin da ke bakin tafkin ta kudu, zuwa Gondar tafiyar kilomita wajen 180 ce. Duk ɗalibin da ya iya lissafi ya san abin da zai rage na yinin idan an fid da sa'o'in mota da na ruwa da na cin abinci.

Ni ban ƙi tafiyar yini ɗaya ba. Ba kowa ne ke da kuɗin kwana bakwai a ƙasar wani ba, kuma da babu gara ba daɗi. Abin da nake ja da shi shi ne yadda ake raba lokacin. Baƙo yakan ɗauki fada ita ce tuwon, gidan zuhudu kuwa ɗan abin taɓawa ne kafin a kai ga tuwon. Sai ka ga an shiga majami'a ana duban agogo, an ɗauki hoto, an fito, domin kada a rufe ƙofar fada kafin a isa. A ganina wannan rabo a juye yake, kuma zan faɗi dalilina.

Bari mu fara ba fada hakkinta, gama ta cancanta. Kafin a kafa Gondar, sarakunan Habasha sun yi ɗaruruwan shekaru ba su da babban birni tsayayye. Cikin tantuna suke zama, su tashi daga wannan yanki zuwa wancan tare da sojoji da fadawa. Sarki Fasiladas, wanda ya yi mulki daga 1632 zuwa 1667, shi ne ya zauna a Gondar wajen shekara ta 1636, ya gina fadar dutse mai hasumiyoyi a kusurwoyinta. Waɗanda suka gaje shi kowa ya ƙara nasa ginin a cikin harabar: Yohannis ya yi ɗakin littattafai, Iyasu na Ɗaya ya yi fadarsa, Bakaffa ya yi dogon zauren liyafa, Sarauniya Mintiwab ita ma ta yi tata. Ana kiran harabar Fasil Gibbi. Ganuwarta ta kai tsawon mita 900, da ƙofofi 12, kuma tun 1979 hukumar UNESCO ta sa ta cikin wuraren tarihi na duniya. Duk wanda aka taɓa gaya masa cewa baƙar fata bai san ginin dutse ba sai da Bature ya zo, ya kamata ya tsaya a tsakiyar harabar nan ya dubi sama.

Amma fa babu sarki a ciki. Girgizar ƙasa ta 1704 ta taɓa ta, yaƙe-yaƙe sun ci rabonsu, sojojin Italiya sun mai da ita ofisoshinsu lokacin da suka mamaye ƙasar, jiragen Ingila kuma suka jefa mata bom a 1941 wajen korar Italiyawan. Sarautar ma kanta ta ƙare a 1974, sa'ad da soja suka tuɓe Haile Selassie. Ba kamar Gidan Rumfa na Kano ba ne, inda mutum zai tarar da dogarai da fadawa a bakin aikinsu. A Fasil Gibbi bango ne da matakala da tagogi. Sa'a ɗaya da rabi ta ishi mai hankali ya zaga, idan ɗan jagoransa ba mai yawan surutu ba ne.

Ga kuma wani abu da masu gaggawa ba su cika lura da shi ba: ba za ka gane fadar ba sai ka san ikilisiyar. Me ya kawo Fasiladas kan gado tun mahaifinsa yana da rai? Mahaifin nasa, Sarki Susiniyos, ya karɓi ɗarikar Katolika a 1622 ta hannun 'yan mishan na ƙungiyar Jesuwit waɗanda suka zo ta hanyar Fotugal. Daga baya aka nemi a sake yi wa jama'a baftisma, a sake naɗa firistoci, a canja al'adun sujada, sai ka ce mutanen ba Kirista ba ne tun farko. Talakawa da masu zuhudu suka ƙi, ƙasa ta rikice da yaƙin basasa, aka zub da jini mai yawa. A 1632 Susiniyos ya sauka ya bar wa ɗansa, ɗan kuma ya mai da ƙasar ga bangaskiyar kakanninta, ya kori 'yan mishan ɗin. Wato bayan wannan rikici ne aka kafa Gondar. Mu da muke karatu a makarantar mishan, labarin nan ya shafe mu ƙwarai, domin yana nuna abin da kan faru idan mai kawo wa'azi ya raina abin da ya tarar. Mutanen da aka nemi a sake yi wa baftisma, tun wajen shekara ta 330 sarkinsu Ezana na Aksum ya karɓi bishara ta hannun Furumentiyus. A lokacin yawancin arewacin Turai bai ji sunan Almasihu ba tukuna.

Sa'an nan, ina Fasiladas yake kwance? Ba a fadarsa ba. Gawarsa tana gidan zuhudu na Daga Istifanos, a wani tsibiri cikin Tafkin Tana, tare da na waɗansu sarakuna da suka riga shi, irin su Dawit da Zara Yakob. Mintiwab ma da ta tsufa, Kuskuwam ta koma, bayan garin Gondar, inda ta gina gidanta jikin majami'a, kuma ita ce ta sa aka gina Narga Silase a tsibirin Dek. Su masu fadojin da kansu sun san inda suke so a ajiye su.

Yanzu mu shiga jirgin ruwa. Tafkin Tana shi ne mafi girma a Habasha, daga cikinsa ne kuma babban reshen Kogin Nilu yake fita ya gangara Sudan. Wurin da aka fi kai baƙi shi ne Ura Kidana Mihrat, a Zege, wani yankin ƙasa da ya kutsa cikin tafkin. Daga bakin ruwa mutum zai taka da ƙafa ta cikin kurmin itatuwan kofi. Majami'ar zagayayya ce kamar ɗakin taɓo na ƙauye, sai dai babba, kuma kashi uku take, ɗaya cikin ɗaya. Zagayen waje na mawaƙa ne, na tsakiya wurin karɓar jibin Ubangiji, can ciki kuma wuri mafi tsarki, inda ake ajiye abin da suke kira tabot, wato allon da ke wakiltar akwatin alkawari. Firistoci da dikinoni kaɗai ke shiga nan. Duk wanda ya karanta fasalin alfarwar sujada a Littafin Fitowa zai ji kamar ya san wurin. Bangon ɗakin na ciki kuwa daga sama har ƙasa zane ne: haihuwar Yesu, gudu zuwa Masar, mu'ujizai, gicciye, shahidai. Domin manomin da bai iya karatu ba aka yi su, kuma a jere ake bin su kamar babi bayan babi. Ta yaya mutum zai karanta wannan cikin minti goma sha biyar?

Abin da ya fi zanen muhimmanci a wurina shi ne littattafai. Masu zuhudu sun yi ɗaruruwan shekaru suna kwafe Littafi Mai Tsarki da hannu a kan fatar akuya, cikin harshen Gi'iz, wanda ba a magana da shi a kasuwa amma da shi ake sujada. A yaƙin da aka yi da Imam Ahmad Giran daga 1529 zuwa 1543 an ƙone majami'u da yawa a kan tudu, tsibiran tafkin kuwa suka zama mafaka ga littattafai da kayan sujada. Alal misali, Littafin Anuhu, wanda Wasiƙar Yahuza ta ɗauko magana daga cikinsa, ya ɓace wa Turai ƙarnuka masu yawa. A harshen Gi'iz kaɗai ya tsira cikakke, sai a 1773 James Bruce, wani ɗan Sikotilan da ya zauna a Gondar, ya koma Turai da kofensa. Littattafan da suka shiga hannun sarauta kuwa, dubi abin da ya same su. Sarki Tewodoros ya kwashe da yawa daga majami'un Gondar ya tara a sansaninsa na Makdala, sojojin Ingila suka ci Makdala a 1868, ɗaruruwa daga cikinsu suka ƙare a Landan.

Na san abin da waɗansu 'yan'uwa za su ce. Za su ce wannan zane-zane da sumbatar gicciye da girmama tsarkaka ba irin sujadarmu ba ce. Gaskiya ne, akwai bambancin koyarwa tsakaninmu, ba ƙarami ba, kuma ba wanda ya ce baƙo ya sumbaci abin da zuciyarsa ba ta yarda da shi ba. Amma wanda ya yi minti goma ya fito yana cewa gumaka ya gani, shaida ya bayar a kan abin da bai bincika ba. Da ya zauna ya yi tambaya, da ya ji cewa mutanen nan suna azumi kowace Laraba da Jumma'a in ban da 'yan makonni a shekara, suna azumin kwana 55 kafin Ista, suna tsayuwar sujada tun da sauran dare, dogare da sanda, suna rera waƙoƙin da suke dangantawa da Yared na ƙarni na shida. Bayan ya ji wannan, in ya ga dama ya ci gaba da saɓa musu, amma da sani.

Ƙorafi na biyu ya fi nauyi, ba kuwa zan ɓoye shi ba. Waɗansu gidajen, irin su Daga Istifanos da Kibran Gabriyel, ba a barin mata su shiga. Ɗaliba ko malama da ta biya kuɗin jirgi daidai da kowa, aka bar ta a bakin ruwa, tana da dalilin jin haushi. Dokar gidan ce, baƙo ba zai canja ta ba. Laifin na mai shirya tafiya ne idan bai faɗa tun a gida ba, alhali ga Ura Kidana Mihrat da sauran na Zege da ke karɓar maza da mata. Masu tallar tsaraba a kan hanya da kuɗin shiga kuwa, wannan ba abin tsayawa ba ne. Rufin majami'a ba ya gyara kansa.

To, wace shawara nake bayarwa? Wanda yini ɗaya kaɗai gare shi, ya zaɓi gari ɗaya. In Gondar ya zaɓa, ya fara da sassafe a majami'ar Dabra Birhan Silase, wadda Iyasu na Ɗaya ya kafa, mai rufin da fuskokin mala'iku suka cika shi layi layi. Tana cikin 'yan kaɗan da suka tsira sa'ad da mayaƙan Mahadi daga Sudan suka ƙone garin a 1888, mutanen wurin kuma suna ba da labarin cewa ƙudan zuma ne suka kore su daga ƙofarta. Daga nan ya shiga Fasil Gibbi kafin rana ta yi zafi, ya leƙa wurin wankan Fasiladas wanda ake cika shi da ruwa a watan Janairu domin bikin Timkat na tunawa da baftismar Yesu, ya ƙare yammacinsa a Kuskuwam. In kuwa tafkin ya zaɓa, gidan zuhudu ɗaya ko biyu sun isa, ya bar fada sai wani jiƙon.

Ya karanta ɗan tarihin kafin ya tashi, domin ɗan jagora ba zai koya masa shekara 1,700 a cikin mota ba. Ya tuɓe takalmi a ƙofa, mace ta yafa mayafi, kada a ɗauki hoton mai addu'a sai da izninsa, kada kuma a sa hannu a kan zane ko littafi. Tun 2023 kuma yankin Amhara, inda Gondar da Tana suke, ya shiga faɗa tsakanin sojojin gwamnati da mayaƙan Fano, saboda haka duk mai niyyar zuwa sai ya bincika halin da hanya take ciki tukuna kafin ya biya kuɗin jirgi.