A Tambaye Su Inda Kuɗin Za Su Fito

Edita,

Ka ba ni fili a jaridarmu mai farin jini in ja kunnen 'yan'uwana na Anka, Gummi da Bukkuyum. A zaɓen Japan na 2025 'yan adawa sun yi ta alkawarin rage harajin abinci, alhali bashin gwamnati ya ninka abin da ƙasar ke samarwa a shekara har biyu. Mu ma a Arewa, a 1979 Rimi da Balarabe Musa suka soke haraji da jangali, talaka ya yi murna. Ga shi yau manominmu 'yan bindiga yake biya kafin ya girbe gonarsa. Don haka duk ɗan takarar da ya zo da romon baka, mu tambaye shi: da wane kuɗi, kuma wa zai tsare mu?

Wani manomi,
Gummi.