Alƙalamin Da Ke Bayan Majigi

Dattawan Taba da Ikara da Makarfi da Kudan ba su manta da daren majigi ba, sa'ad da motar Gwamnati ta kan tsaya a ƙofar fada bayan isha'i, a kafa farin ƙyalle, a nuna Baban Larai da gonarsa ta auduga. Yara su yi ta sowa, malamai kuwa su kau da kai, su ce lagawu ne. Abin da ba a cika lura da shi ba shi ne, kowace magana da ta fito daga ƙyallen nan sai da wani ya zauna ya rubuta ta tukuna. Hoto bawan alƙalami ne, inda aka aike shi nan ya ke zuwa.

Cikin masu wannan sana'a a Arewa akwai marigayi Adamu Halilu, wanda aka haifa a Garkiɗa cikin 1936, ya rasu cikin 2001. Ya koyo rubutun labarin majigi da haɗa hotuna a Turai, ya komo ya yi wa Gwamnatin Jihar Arewa aiki, yana tsara majigin wayar da kai, na tsabta da noma da kiwon lafiya. Daga baya ya shugabanci hukumar finafinai ta Nijeriya. Amma aikin da ya kamata ma'abuta allo su san shi da shi, shi ne Shaihu Umar na 1976.

Asalinsa littafin Abubakar Tafawa Ɓalewa ne, wanda aka buga a Zariya cikin 1934. Umaru Ladan da Dexter Lyndersay suka mai da shi wasan kwaikwayo, sa'an nan Halilu ya kai shi ga majigi da harshen Hausa. To, wane ne gwarzon labarin? Ba sarki ba ne, ba attajiri ba. Malami ne zaune cikin almajiransa, yana ba su labarin yadda aka sace shi yana yaro, wani Balarabe, Abdulkarim, ya ƙetare Sahara da shi, ya riƙe shi kamar ɗa, ya sa shi karatu har ya zama shaihi. Uwarsa kuwa ta bi sawunsa, ta faɗa cikin bauta, ba ta gan shi ba sai dab da ajalinta. Fatake ma suna ciki, da ayarinsu da raƙumansu, da abin kunyar da ke cikin kayan wancan zamani, watau bayi. Ba a ɓoye ba, ba a kuma yi wa malami ba'a ba.

Mutanen Rasha sun gane nauyin wannan alƙalami tun da wuri. Sun buɗe makarantar majigi a Mosko cikin 1919, daga baya suka keɓe sashe musamman don masu rubuta labari, har 'yan Afirka irin su Souleymane Cissé na Mali suka yi karatu a can. Mulkinsu na wancan zamani ba ya ga maciji da addini, amma ya san wanda ya riƙe labari ya riƙe zukatan talakawa.

Nan kuwa fa? Shaihu Umar ya ɓace shekaru da yawa, faifansa na kwance cikin ƙura a wani ɗakin ajiya, sai da Jamusawa suka taimaka aka gyara shi, aka nuna a Balin cikin 2018. Malamai ba su yi cigiyarsa ba, attajirai ba su sa kwabo ba. Ga shi majigi ya bar ƙofar fada ya shiga aljihun almajiri, yana kallo a waya bayan an tashi daga karatun dare. Masu rubuta wa Kano finafinai suna bukatar wanda ya san Risala da Ishiriniya da tarihin Zazzau ya zauna da su tun labari yana kan takarda, gama idan an riga an ɗauki hoto, gyaran malam ba ya shiga, sai dai huɗuba ran Juma'a.