Shaidarmu A Gaban Likita: Ganganci Ne Ko Kuskure?



Ya ku 'yan'uwa masu karatu, a wannan mako za mu tsaya a kan wani al'amari na asibiti wanda yawancinmu ba mu saninsa sai ranar da ya faɗo mana. Idan aka kai mutum a sume saboda ya sha maganin da ke taɓa ƙwaƙwalwa da jijiyoyi, kamar ƙwayar barci ko maganin farfaɗiya ko na taɓin hankali, likita zai yi wa waɗanda suka kawo shi tambaya biyu: me ya sha, kuma yaya aka yi ya sha? To, amsar da muka bayar ba a bakin gado take ƙarewa ba, domin ana mayar da ita lamba, a rubuta a kundi.

Asalin wannan tsari shi ne jerin musabbaban mutuwa da wani Bafaranshe mai suna Jacques Bertillon ya shirya, aka karɓe shi a 1893. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ɗauki nauyinsa a 1948, ana kiransa ICD. An amince da bugu na 10 a 1990, na 11 kuma ya fara aiki a Janairun 2022, ko da yake ƙasashe da dama suna nan a kan na 10. A cikin na 10 ɗin, T42 ita ce gubar magungunan farfaɗiya da na barci, inda T42.3 take ta dangin fenobabiton, T42.4 kuma ta dangin Valium. T43 ta magungunan taɓin hankali ce, sa'an nan kodin da mofin suna ƙarƙashin T40.

Amma abin da ya ja hankalinmu shi ne lamba ta biyu, wadda ke bayyana yadda abin ya auku. Ga ƙwayar barci, X41 tana nufin kuskure, kamar yaron da ya tsinci ƙwayar kakarsa ya haɗiye. X61 tana nufin mutum ya nufi cutar da kansa. X85 ita ce wani ya ba shi don ya cuce shi. Y11 kuwa ma'anarta ba a tabbatar da nufi ba. Wanda ya sha magani daidai yadda likita ya umurta amma ya yi masa illa, shi nasa babin daban ne. Amurka ma, tun daga Oktoban 2015, ta haɗe maganin da nufin cikin lamba guda.

Ɗalibin fiƙihu ba zai ji wannan baƙo ba. Malamanmu sun daɗe da rarrabe ganganci da kuskure a babin jini, kuma ba su yanke hukunci a kan zato. Haka nan masu wannan kundi suka ware gurbi ga abin da ba a sani ba, don kada akawu ya rubuta wa mutum niyyar da babu hujja a kanta. Wannan darasi ne gare mu, mu da muke saurin cewa wane ya kashe kansa tun ba a sa shi a makara ba.

Sai dai fa kuskurenmu mafi yawa shi ne ɓoyewa. Mai gida zai kai ɗansa a sume, kwalbar kodin tana aljihunsa, amma ya ce zazzaɓi ne ko iska, don gudun abin kunya. Alhali kowace guba da maganinta. Allurar naloksan tana dawo da numfashin wanda ya sha kodin ko mofin cikin 'yan mintoci, amma ba ta yin kome ga fenobabiton. Maganin damuwa irin su amitiriftilin kuwa bugun zuciya yake rikitawa, dole a sa ido a kanta. Wanda ya ɓoye sunan magani ya bar likita yana lalube cikin duhu. Wanda kuma ya ce kuskure ne alhali ya san yaron ya nufi kansa, ya hana a haɗa shi da likitan ƙwaƙwalwa, za a sallame shi ya koma gida da ciwon da ya kawo shi. Rufin asiri abu ne mai kyau, amma daga 'yan tsegumi ake yinsa, ba daga mai magani ba. Kuma jumhurun malamai suna kan cewa ko wanda ya kashe kansa ana yi masa wanka da salla, al'amarinsa yana ga Ubangijinsa.

Sa'an nan waɗannan lambobi su ake tarawa su zama ƙididdigar da hukuma ke dubawa. A 2018 Gwamnatin Nijeriya ta hana yin maganin tari mai kodin da shigo da shi, bayan ɓarnarsa ta bayyana a fili. Idan kowane gida ya ɓoye nasa, kundi zai nuna lafiya lau alhali gari yana ci da wuta. Saboda haka akawun asibiti ya sani lambar da yake rubutawa shaida ce a wuyansa, mai kemis kuma ya ji tsoron Allah kada ya sayar da waɗannan ƙwayoyi ba da takardar likita ba.

Idan abin ya faru, a kwantar da mutum a kan gefensa, kada a ɗura masa madara ko manja, kada a tilasta masa amai. A garzaya asibiti da kwalbar ko kwalin, a faɗi lokacin da ya sha da yawan abin da ya sha. Abin da aka sani a faɗe shi, wanda ba a sani ba a ce ba a sani ba.

Allah Ya kiyaye mu da zuriyarmu, Ya ba marasa lafiyarmu lafiya, amin. Sai mako mai zuwa in Allah Ya yarda. Wassalam.