Dauran: Ana mulkin jama'ar yau da lissafin 2006

A takardun hukumar zaɓe ta INEC, Dauran da Birnin Tsaba mazaɓa ɗaya ce a cikin ƙaramar hukumar Zurmi, a arewacin jihar Zamfara. A takardun hukumar ƙidaya ta ƙasa kuwa, mutanenta na cikin mutum 293,837 da aka ƙirga a Zurmi a shekarar 2006. Tun daga lokacin ba a sake ƙidaya a Najeriya ba. Wadda aka shirya yi a watan Mayun 2023, gwamnatin Buhari ta ɗage ta ana saura 'yan kwanaki.

Wannan adadi ya ɗara na Ƙauran Namoda, mai mutum 281,367, ya kuma ninka na Shinkafi, mai 135,649. Yawan jama'a na daga cikin ma'aunan rabon kuɗin asusun tarayya, kuma a kansa ake ɗora ƙiyasin allurar rigakafi da ajujuwan firamare. Jami'ai sukan ɗauki adadin 2006 su ƙara masa wani kaso duk shekara, kamar dai kowa yana zaune inda aka same shi.

A ƙasar Zurmi ba haka abin yake ba. Hare-haren 'yan bindiga sun tashi ƙauyuka da rugage, mutanensu sun kwararo garuruwan bakin titi irin su Dauran, wasu sun wuce Ƙaura ko Gusau, wasu sun tsallaka Nijar. Garin da ya karɓi baƙi, rijiyarsa da asibitinsa ba su ƙaru ba. Ƙauyen da ya zama kufai kuma yana nan da rai a takarda.

A da, gibin irin wannan sarauta ce ke cike shi. Mai unguwa ya san gidajen unguwarsa, dagaci ya tattara ya miƙa wa hakimi, hakimi ya kai gaban sarki. Littafin haraji da na jangali, duk da ƙyamar da talaka ya yi musu, sun sa hukuma ta san magidanta nawa ne a gari, shanu nawa ne a ruga. Gyaran ƙananan hukumomi na 1976 ya mayar da iko hannun kansiloli da ciyamomi, aka bar wa masu sarauta sasanci da ba da shawara. Sannan rikicin ya taɓa ita kanta sarautar: a watan Afrilun 2022 gwamnatin Bello Matawalle ta tuɓe Sarkin Zurmi, Atiku Abubakar, tare da hakimin Birnin Tsaba, bisa zargin alaƙa da 'yan bindiga. Dagacin da ya kai rahoto a yau yana tsoron daji, wanda ya yi shiru kuma yana tsoron gwamnati.

Abin takaicin shi ne, masu lissafin da ya fi kusa da gaskiya yanzu su ne 'yan bindigar. Idan sun ɗora wa gari tara, kamar miliyoyin nairar da Bello Turji ya yanka wa Moriki a 2024, gida-gida ake bi ana karo-karo, kuma masu tarawar sun san wanda ya gudu da wanda ya saura.

Hukuncin Kotun Ƙoli na 11 ga Yulin 2024 ya ce a riƙa biyan ƙananan hukumomi kuɗinsu kai tsaye, kuma Zamfara ta yi zaɓen ƙananan hukumominta 14 a watan Nuwamban shekarar. Ko da kuɗin sun iso Zurmi cif, ciyaman zai raba su ne ga mazaɓun da bai san yawan mutanensu ba. Rajistar gidaje a matakin mazaɓa, wadda kansila da masu unguwanni za su yi tare da ma'aikatan rigakafin shan-inna da suka saba bin gida-gida, ba ta buƙatar jiran Abuja. Sai dai duk wanda zai yi ta dole ya tanadi yadda zai ɓoye jerin sunayen, domin a Dauran takardar da ta nuna gidan da ke da shanu ko babur tana iya jawo wa mai gidan baƙin dare.