Ina Fenshon Leburan Gwamnati?

Yau maganar leburori muka ɗauko, waɗanda ke yi wa Gwamnati aiki ana biyansu ladan yini. Duk wanda ya zauna a Nima ko zangon Kumasi ya san su: mai gadi, mai share kasuwa, mai yashe kwata, leburan hanya. Mutum ya shekara talatin yana riƙe da shebur, ran da ƙarfi ya ƙare sai a ce masa a sauka lafiya. Daga nan sai bakin masallaci, yana jiran abin da jama'a za su miƙa masa.

Wannan cuta tsohuwa ce. Dokar fensho ta zamanin Turawa, wadda aka yi a 1950, ake ce mata CAP 30, ta ma'aikatan da aka tabbatar ce. Lebura mai ladan yini ba ya ciki. Kakanninmu sun gina hanya da tashar jirgi, suka tashi hannu wofi.

To, amma dokoki sun sake. A 1965 aka kafa asusun ajiya na ma'aikata, a 1972 aka kafa SSNIT, a 1991 aka mai da abin fensho na wata-wata. Dokar 2008 kuwa ta ce mai aiki ya zuba kashi 5.5 cikin ɗari na albashinsa, wanda ya ɗauke shi ya ƙara kashi 13. Wanda ya zuba na wata 180, watau shekara 15, ya kuma cika shekara 60, fensho ya zama haƙƙinsa har ƙarshen ransa. Dokar ƙwadago ta 2003 ta ce ma'aikacin wucin gadi da ya yi wata shida a jere wurin ubangida ɗaya, a ɗauke shi tamkar tabbatacce.

Ga inda wayon yake. Sai a sallami lebura kafin wata shida su cika, bayan 'yan kwanaki a sake kiransa kamar baƙo. Ko kuwa a miƙa aikin ga ɗan kwangila, ofis ya ce ba ruwansa. Shin Gwamnatin da ke kai masu kamfani kotu don sun ƙi zuba kuɗin ma'aikata, ita za ta zagaye dokar da ta rubuta da hannunta? Wannan cin haƙƙi ne, addininmu kuwa bai yi wasa da haƙƙin ɗan ƙwadago ba.

Mu ma da namu laifin. Sau nawa muka ji ɗan'uwa na cewa gara a ba shi kuɗinsa cif, kada a yanke ko kwabo? Haba malam! Abin da za a yanke maka bai kai rabin abin da kake yafe wa ubangidanka ba.

Saboda haka muna kira ga kowane lebura: ka tafi ofishin SSNIT da katinka na Ghana Card, ka nemi takardar abin da aka zuba maka, ka ƙidaya watanninka. Ka adana duk takardar biya. In ka ga giɓi, ka kai ƙara can, ko wurin Hukumar Ƙwadago ta Ƙasa. Samarinmu masu boko su raka waɗanda ba su iya karatu ba. Limamai da sarakunan zango kuma su faɗa wa 'yan majalisarmu a fili, mun gaji da tara wa ma'aikacin Gwamnati kuɗin likkafani.

Allah Ya sa mu gama lafiya, amin.