Gwamna Yakan Sauka, Gwamnati Ba Ta Sauka: Wa Ke Biyan Bashin Rusau?

A ranar 29 ga Satumba 2023, Babbar Kotun Tarayya da ke Kano ta umarci gwamnatin jiha ta biya diyyar naira biliyan 30 ga 'yan kasuwar da aka rushe wa shaguna a filin Idi na birnin Kano. Bayan an kai ruwa rana, a watan Disamba na wannan shekarar sai aka yi sulhu a kan naira biliyan 3. Mutane da yawa sun ji labarin a rediyo, suka ce rigimar 'yan birni ce, suka ci gaba da harkokinsu. Amma 'yan'uwa, akwai tambayar da ta shafi mai noman dawa a Garo kamar yadda ta shafi mai shago a Ƙofar Mata: daga aljihun wa kuɗin nan zai fito?

Gwamnan da aka yanka filayen a zamaninsa, Abdullahi Umar Ganduje, ba daga aljihunsa ba ne. Gwamnan da ya tura katafila a farkon watan Yunin 2023, kwanaki kaɗan bayan rantsar da shi, wato Abba Kabir Yusuf, shi ma ba daga nasa ba ne. Kotu jihar Kano ta ɗora wa bashin, jihar Kano kuwa ba ta da gona, ba ta da rumfa a kasuwa. Abin da take da shi shi ne baitulmali, baitulmalin nan kuma shi ne tukunyar da ake ɗibar kuɗin rufin aji a Kabo, da maganin asibiti a Gwarzo, da albashin malamin firamare a Garo. Ashe wanda bai saya ba, bai sayar ba, bai kuma rushe ba, yana cikin masu biya.

Kafin mu ce an zalunce shi, ya kamata mu yi wa kowane ɓangare adalci. Sabuwar gwamnati ta ce filayen makarantu da masallatai da maƙabartu na jama'a ne, an raba su ba bisa ƙa'ida ba, kuma tun kafin a rantsar da gwamnan ya gargaɗi masu gini a irin waɗannan wurare su dakata. Wannan magana tana da nauyi. Dokar filaye ta 1978 ta sa ƙasar jiha a hannun gwamna a matsayin amana domin amfanin jama'a, ba a matsayin gadon gidansu ba. In an ci amanar nan, dole a nemi gyara. Su kuma masu shagunan sun ce da izinin hukuma suka yi gini. Wace hukuma? Ta jihar Kano. Ita ce kuma ta dawo ta rushe. A nan ne gizo ke saƙar. A bakin 'yan siyasa gwamnati biyu ce, tasu da tamu. A idon doka kuwa mutum ɗaya ne ya ba da izini da hannun dama, ya zo ya rushe da hannun hagu.

Wannan tunani na ɗaukar hukuma kamar mutum guda ba sabo ba ne. Wani masani Bature ɗan Ingila, Thomas Hobbes, ya bayyana shi a littafinsa Leviathan a 1651: jama'a da yawa sukan zama kamar mutum ɗaya idan suka ba wani ikon yin magana da aiki da sunansu, abin da ya yi kuma a wannan matsayi kamar su ne suka yi. Ba sai mun yarda da duk abin da Hobbes ya faɗa ba, domin ya ba mai mulki iko fiye da kima. Amma a wannan gaɓa ya gano gaskiya. An kafa jihar Kano a 1967. Tun daga Audu Bako gwamnoni suke hawa suna sauka, na soja da na farar hula, har an cire Jigawa daga jikinta a 1991, amma takardar da aka sa wa hatimin jiha tana nan da ƙarfinta. Da ba haka ba, babu ɗan kwangilar da zai taɓa aiki, babu malamin da zai yi shekara 35 yana koyarwa da begen fansho, domin kowane zaɓe zai share alkawarin da ya gabace shi.

Mu Hausawa ma ba baƙi ba ne ga wannan. Kafin a raba gado sai an fitar da bashin mamaci. Magaji ba ya karɓar gida da gona ya ce bashin kuma a bi wanda ke cikin kabari.

Littafi Mai Tsarki ya kai maganar nesa fiye da haka. A cikin Joshuwa sura 9, shugabannin Isra'ila sun rantse wa Gibeyonawa cewa ba za su hallaka su ba. Da yaudara Gibeyonawa suka sami alkawarin, duk da haka da gaskiya ta fito ba a warware shi ba, saboda an riga an rantse da sunan Ubangiji. Tsararraki suka shuɗe. Sarki Saul ya zo ya karya alkawarin, ya kashe Gibeyonawa, yana ganin kishin al'ummarsa yake yi. Sai a 2 Sama'ila sura 21 muka ga yunwa ta shekara uku a zamanin Dawuda, aka kuma bayyana masa cewa jinin Gibeyonawa ne sanadi. Ku duba yadda abin ya jeru: Joshuwa ya yi alkawari, Saul ya karya, Dawuda aka tambaya, talakawa suka sha yunwa. Dawuda bai ce wannan aikin tsohuwar gwamnati ba ne, ko da yake ba wanda ya fi shi dalilin faɗin haka, tun da Saul ya sha neman ransa. Ya kira waɗanda aka zalunta ya tambaye su abin da zai yi musu.

Ƙarshen labarin yana da ɗaci, bai kuma kamata mu ɓoye shi ba. An ba da mutum bakwai daga zuriyar Saul aka kashe, Rizfa uwar biyu daga cikinsu ta zauna a kan dutse tana korar tsuntsaye da namun jeji daga gawawwakin har sai da labarinta ya kai kunnen sarki, ya sa aka yi musu jana'iza. Wannan ba misali ba ne da za mu bi. Maimaitawar Shari'a 24:16 ta hana a kashe ɗa saboda laifin ubansa, annabi Ezekiyel kuma ya ƙarfafa haka a sura 18. Idan muka ajiye nassoshin nan gefe da gefe, sai mu ga abu biyu da mukan cakuɗa: laifi daban, bashi daban. Laifi na wanda ya aikata ne, ba a gadonsa. Bashin gyara ɓarna kuwa yana bin al'umma, ko da masu ɓarnar sun sauka ko sun mutu.

Bayan Yaƙin Duniya na Biyu, wani masanin Jamus, Karl Jaspers, ya yi irin wannan rarrabewa a littafin da ya fitar a 1946 game da alhakin Jamusawa. Ya ce akwai laifin da kotu ke hukuntawa, wanda yake kan mutum ɗaya ɗaya. Akwai alhakin siyasa, wanda yake hawa kan duk ɗan ƙasa saboda abin da hukumarsa ta yi, ko ya goyi baya ko bai goya ba. Akwai kuma na lamiri, wanda kowa zai binciki zuciyarsa a kai. A kan irin wannan fahimta Jamus ta Yamma ta amince a 1952 ta biya Isra'ila diyya. Ingila ma a 2013 ta biya kusan fam miliyan 20 ga 'yan Kenya fiye da 5,000 da aka azabtar a zamanin tawayen Mau Mau, shekara hamsin bayan Kenya ta sami 'yanci. A gida Nijeriya, sojoji sun ragargaza garin Odi na jihar Bayelsa a Nuwamba 1999 a zamanin Obasanjo, sai a 2013, a zamanin Jonathan, kotu ta ɗora wa gwamnatin tarayya diyyar naira biliyan 37.6.

To, manomin Garo yana cikin masu biya, kuma bisa ƙa'ida ba a yi masa fashi ba. Shi ɗan jiha ne, rabonsa yana cikin ribarta da asararta. Amma wannan rabin magana ce, rabin da ya rage shi ne ya fi damunmu. A ƙasarmu bashin yakan sauka kan jama'a, laifin kuwa ba ya sauka kan kowa. Idan an raba filin jama'a ba bisa ƙa'ida ba, akwai hannun da ya sa hannu, akwai ofishin da ya buga hatimi. Idan an rushe dukiyar mutane ba tare da bin matakan doka ba, akwai bakin da ya ba da umarni. Sashe na 308 na tsarin mulki ya kare gwamna daga gurfana a kotu muddin yana kan kujera, amma bai kare shi bayan ya sauka ba, bai kuma kare kwamishina ko darakta ba. A watan Afrilun 2024 gwamnatin Kano ta kafa kwamitin shari'a don binciken yadda aka yi da kadarorin gwamnati daga 2015 zuwa 2023. Wannan ita ce hanyar da ta dace. Sai dai ta zo wata goma bayan katafila ta gama aikinta. Da an fara da bincike, a tantance wanda ya ci amana da wanda ya sayi shago da guminsa, da wataƙila jiha ta karɓi filayenta ba tare da ta sayo wa kanta bashi ba.

Mutanen yammacin Kano sun ɗanɗani irin wannan mulki na warware saƙar wanda ya gabata ta wata fuskar. A Mayun 2019 aka kafa sababbin masarautu huɗu, Gwarzo da Kabo suka wayi gari a ƙarƙashin Ƙaraye. A Mayun 2024 aka soke dokar, suka koma ƙarƙashin Kano, daga baya aka maido da Ƙaraye a matsayin masarauta mai daraja ta biyu da ƙananan hukumomin Ƙaraye da Rogo kaɗai. Ba mu da ta cewa a kan wanda ya cancanci rawani, ba huruminmu ba ne. Abin lura dai shi ne, majalisar dokokin jiha ɗaya ce ta yi dokokin biyu, kowanne cikin 'yan kwanaki, talaka kuma yana kallo yana koyon darasi mara kyau: cewa maganar hukuma tana da rai ne kawai iyakar wa'adin wanda ya faɗe ta.

Ba kuma za mu iya cewa gwamnati wata aba ce can nesa a birni ba. A zaɓen gwamna na 2023, manyan 'yan takarar mataimakin gwamna biyu daga wannan yanki suka fito: Aminu Abdussalam Gwarzo a NNPP, Murtala Sule Garo a APC. 'Ya'yan unguwa ne, an san gidajensu. Ƙuri'u fiye da miliyan ɗaya suka ɗora wanda ya ci, kusan dubu 900 suka bi wanda ya zo na biyu, kuma ba a ɓoye maganar rusau ba lokacin yaƙin neman zaɓe. Da aka fara rushewa, an ga matasa suna rububin kwasar rodi da ƙofofi da tagogi, wasu kuma suna tafi. Idan ɓera da sata, daddawa ma da wari. A labarin gonar inabin Nabot cikin 1 Sarakuna sura 21, Yezebel wasiƙa kawai ta rubuta da hatimin sarki. Dattawan garin Yezreyel, maƙwabtan Nabot, su ne suka kira taro, suka nemo shaidun zur, suka sa aka jefe shi. Mai mulki ba ya iya yin ɓarna shi kaɗai, sai ya sami masu aiwatarwa da masu yin shiru.

A nan ikilisiya take da abin dubawa. Mu masu bi a ƙauyukan Kano 'yan tsiraru ne, mun kuma saba da cewa siyasar jiha ba tamu ba ce, namu addu'a da biyan haraji. Mukan karanta Romawa sura 13 mu tsaya a kan biyayya. Amma a wannan surar Manzo Bulus ya ɗauki mai mulki a matsayin ma'aikacin Allah da aka sa domin amfanin jama'a, ma'aikaci kuwa ana tambayarsa yadda ya yi da abin da aka damƙa masa. Maƙwabtanmu Musulmi suna da irin wannan koyarwa tun da daɗewa. A nan Kano Shehu Maghili ya rubuta wa Sarki Muhammadu Rumfa nasiha a kan wajiban mai mulki fiye da shekara 500 da suka wuce. Filin Idi ba wurin ibadarmu ba ne, yawancin masu shagunan ma ba 'yan ikilisiyarmu ba ne. Amma mu da muka san wahalar samun takardar fili don gina majami'a a arewa, mun fi kowa bukatar jihar da takardarta ke da daraja ko wa ya hau mulki. Ranar da muka yi shiru don an yaga takardar wani, mun rage wa tamu ƙarfi.

Adalci ya sa mu faɗi inda aka yi daidai. Gwamnatin da ta yi rusau ita ce kuma ta ce ta gaji bashin garatuti da haƙƙin ma'aikatan da suka rasu na kusan naira biliyan 48, ta fara biya da biliyan 6 a Disamba 2023, ta ci gaba kashi kashi. Ba ita ta tara bashin ba, amma ba ta ce tsofaffin malamai su je su nemi wanda ya riƙe musu kuɗi ba. Ta karɓe shi a matsayin bashin jihar Kano. Hujjar da ta sa aka biya gwauruwar malamin makaranta, ita ce ta sa mai shagon filin Idi ya cancanci a saurare shi kafin a taɓa gininsa. A wata ɗaya, Disamba 2023, jihar ta amsa bashin biyu: na 'yan fansho da ra'in kanta, na masu shaguna kuma sai da kotu ta tilasta mata.